Yaya Ilu da Mabuɗin da Ya Hana Ɗan Sanda

Shekara takwas ke nan da aka kai Yaya Ilu makwancinsa, a wata maƙabarta can hayin New Jersey, nesa da Maraɗi inda ya so a binne shi kusa da mahaifiyarmu. Ni ƙanwarsa ce, uwa ɗaya uba ɗaya, shi ya kawo ni ƙasar nan, shi ya nema mini aikin kula da tsofaffi da nake ci da shi har yau. A shekara takwas ɗin nan ban taɓa jin an ambaci sunansa a masallacin da ya kafa a unguwar Tremont ba. Ana yi wa mamata addu'a duk Juma'a, ana jero sunayen mutanen da ko tabarma ba su taɓa shimfiɗawa a wurin ba, amma in aka zo kan Iliyasu sai harshe ya yi nauyi. Shi ya sa bana na ce zan rubuta, kowa ya karanta, wanda zai ji haushi ya ji.

Ba zan mayar da shi waliyyi don ya mutu ba. Yaya mutum ne mai taurin kai, mai saurin ɗaga murya, in ya ga gaskiya ba ya neman mayafin da zai rufa mata. Teburin sayar da kaya gare shi a bakin titin Fordham Road: hula da safar hannu lokacin sanyi, tabarau lokacin zafi, lema duk ranar da sama ta haɗe rai. 'Yan sanda kuwa ya san su kamar yadda duk mai tebur a titi ya san su. Sun sha rubuta masa tara, sun taɓa kwashe masa kaya, sun kuma taɓa kamo ɓarawon da ya fizge masa jaka. Bai tsane su ba, yana gaishe su, suna gaishe shi. Abin da yake cewa kullum shi ne kowa da aikinsa.

Masallacin namu tsohon shagon wanki ne. Yaya da abokansa suka ciccire bututun ruwa da hannunsu, suka goge ƙasa, suka shimfiɗa darduma, suka ja layin sahu a karkace saboda alƙibla ba ta bi ginin ba. Mutanen Nijar ne suka fara, sai 'yan Zangon Kumasi da Accra suka shigo, sai 'yan Najeriya. Mu mata aka ja mana koren labule a baya. Tun farko aka zauna aka amince cewa liman da shugaban kwamiti jama'a ce za ta zaɓe su da ɗaga hannu bayan sallar Juma'a. Haka aka zaɓi Yaya shugaba, aka damƙa masa mabuɗi, shi ke buɗewa shi ke rufewa.

Mu mutane ne da ba ma samun natsuwa sai mun ga muna da babba a cikin hukuma. Haka muka taso a gida, haka muka ƙetaro teku da shi. Akwai wani ɗan sanda da aka ɗora wa aikin hulɗa da jama'ar unguwa, dogo, mai fara'a, muka sa masa suna Dogo. Yana zuwa ranar Sallah ya tsare mana titi, ya ɗaga wa yara hannu. Sai Alhaji Tanko, wani mai babban shagon kayan abinci, haifaffen Kumasi, ya ce ai bai kamata a bar irin wannan mutum haka ba. Ya sa aka ɗinko babbar riga, aka yi walima, aka naɗa wa Dogo rawani, aka ce daga yau shi ne Sarkin Tsaron masallaci. Ni da hannuna na soya masar da aka ci ranar. Yaya kaɗai ya ɓata fuska.

“Ku ba shi masa, ku ba shi miya, ku gode mishi,” in ji shi. “Amma rawanin ga, kar ku sa mishi. Gobe shina ganin shina da magana a nan ciki.”

Aka yi masa dariya, aka ce Ilu ba ya rabo da tsegumi.

Ba a daɗe ba limamin namu ya tsufa, ya koma gida Tawa. Mutum biyu aka sa a gaba. Akwai Malam Hadi, na'ibi, surukin Alhaji Tanko. Akwai kuma Malam Sabi'u, matashi, wanda ya ce zai riƙa yin rabin huɗuba da Turanci saboda yaranmu da ke zaune suna kallon bango. Abin da mutane da yawa ba su sani ba har yau, shi Yaya, Malam Hadi yake so. Ya sha gaya mini cewa karatun Hadi na sa shi hawaye. Amma Alhaji Tanko ya lura matasa sun fi yawa, in aka ɗaga hannu surukinsa zai sha ƙasa, sai ya ce ba a zaɓen liman kamar kansila, dattawa su zauna su naɗa. Yaya ya ce a'a, abin da aka amince da shi tun farko shi za a yi. Ya kafe, ko gezau.

A gida kowa ya san yadda ake yi in rigimar masallaci ta taso. Wanda ya riga zuwa wurin babban ɗan sanda shi ne mai gaskiya. A turo mota, a garƙame ƙofa, a kira ɓangarorin biyu, a yi musu faɗa, a miƙa mabuɗi ga wanda aka fi sani. Mun ga haka tun muna yara, har muka ɗauka haka Allah ya tsara duniya. To wannan hanyar Alhaji Tanko ya bi. Ya je ya sami Sarkin Tsaronsa, ya ce masa za a zubar da jini ranar Juma'a, dattawa sun roƙe shi ya riƙe mabuɗi amana har a daidaita.

Ina bayan labule ranar, na leƙa ta gefe. Lokacin sanyi ne, ƙanƙara ta narke ta zama caɓi a bakin titi. Yaya ya fito daga wurin alwala, hannunsa da jiƙa, ya tarar da Dogo da abokan aikinsa biyu a tsaye a bakin darduma. Ba wanda ya zagi wani, ba wanda ya ɗaga hannu, babu faɗan da aka ce za a yi. Dogo ya miƙa hannu cikin murmushi, ya ce a ba shi mabuɗi.

“Ina takardar alƙali?” in ji Yaya.

Dogo ya ce babu buƙatar takarda, shi taimako ya zo yi, dattawa ne suka kira shi. Yaya ya ce jama'a ce ta ba shi mabuɗin nan, jama'a ce za ta karɓa, ko kuma alƙali. Murmushin Dogo ya ɗauke. Ya ce to tunda haka ne, Yaya ya fita, kuma kar ya sake shigowa sai an sasanta. Suka kama shi ta gwiwar hannu, ɗaya dama ɗaya hagu, suka ratsa da shi ta tsakiyar mutane.

Masallacin a cike yake. Akwai waɗanda Yaya ya tarba a filin jirgi, akwai waɗanda suka yi wata da watanni suna kwana a falonsa da ke titin Grand Concourse, akwai waɗanda ya wanke gawar iyayensu. Duk suka sunkuyar da kai suna jan carbi. Na san wasu tsoro ne, ba su da takardun zama, ganin kaki kaɗai na kaɗa musu hanji, waɗannan na yi musu uzuri tun ranar. Sauran fa? Aka fitar da shi ko takalmi bai sa ba. Ni na ɗaga labule, na bi ta ƙofar maza, na ɗauko takalmansa na kai masa waje. Na same shi tsaye cikin caɓi da safa, yana kallon ƙofar. A ciki kuwa aka tayar da iƙama, Malam Hadi ya shige gaba. Washegari aka kira mai gyaran makulli ya canza na ƙofar, Dogo ya karɓi sabon mabuɗi ya miƙa wa Alhaji Tanko.

Masu cewa Yaya ya ruga kotu ƙarya suke yi, kuma sun san ƙarya ce. Watanni ya yi yana sallah a masallacin 'yan Gambiya, yana aika dattawa su nemi sulhu. Duk wanda ya je, amsa ɗaya Alhaji Tanko ke ba shi: magana ta fita daga hannunsa, tana hannun hukuma. Sai 'yar Yaya, Nana, wadda a lokacin ta fara aikin jinya, ta kai shi wurin wani lauya. Da ni aka je. Lauyan ya saurara, ya girgiza kai, ya yi mana bayanin da ya kamata a ce duk mun sani tun kafin mu ɗinka wa wani riga. Ya ce ɗan sanda na da hurumin shiga wurin ibada in ana faɗa, ko an yi laifi, ko ran wani na cikin haɗari. Amma ba shi da hurumin cewa wane ne liman, wane ne shugaba, wa zai riƙe mabuɗi, wa za a hana shiga, sai in alƙali ya ba da umarni a rubuce. Ya ce ko alƙalin ma ba zai auna wa ya fi ilimi ko tsoron Allah ba, iyakarsa ya duba ƙa'idar da masu wurin suka kafa wa kansu, ya ga ko an bi ta. Coci ne, ko wurin bautar Indiyawa, ko masallaci, duk doka ɗaya ce.

Muka mayar da Yaya gida. Sannan ya ce tunda sun ce magana na hannun hukuma, bari ya kai ta wurin hukumar ta gaske.

Daga ranar da takardar sammaci ta isa masallaci, Yaya ya zama abin nuni. Aka ce ya kai ɗakin Allah ƙara gaban waɗanda ba sa sallah. Da aka ji alƙaliyar mace ce, sai abin ya ƙara daɗi a baki. Wanda ya jawo ɗan sanda da bindiga a ƙugu har bakin darduma, ba wanda ya ce masa uffan. Wanda aka jefar waje da safa, shi ne ya tona asirin Musulmi. Aka daina amsa masa sallama. Aka daina tsayawa a teburinsa, mutane na tsallakawa ɗaya gefen Fordham don kar su haɗa ido da shi. Da Nana ta haihu, aka yanka rago, aka raba nama, gida uku suka maido mana da nasu. Har yau ina iya nuna ƙofofin.

Shari'ar ba ta yi wani tsawo ba. Alƙaliyar ta ce abin da lauya ya faɗa mana, kusan kalma da kalma. Ta ce babu wanda ya ba ɗan sandan nan ikon karɓar mabuɗi ko korar mutum daga wurin da yake shugabanta, a mayar da komai yadda yake, a yi zaɓe yadda aka amince tun farko. Dogo kuwa muka ji an ɗauke shi daga unguwar. Kafin ya tafi ya zo teburin Yaya cikin kayan gida, ya ce ya yi kuskure, ya ɗauka girmamawar da aka yi masa ta ba shi wani matsayi. Ya ba da haƙuri, suka yi musabaha. Baƙo, wanda ba addininmu ɗaya ba, ya iya buɗe baki ya ce na yi laifi. A cikin namu ko mutum ɗaya ban gani ba.

Kotu ta buɗe masa ƙofa, amma ba ta da ikon abin da ke bayan ƙofar. Kowa ya san yadda muke tsayawa a sahu, kafaɗa da kafaɗa, liman ma sai ya juyo ya ce a cike gurbi kafin ya yi kabbara. Juma'ar farko da Yaya ya koma, ya tsaya a sahun gaba inda ya saba. Na dama da shi ya matsa, na hagu ya matsa. Aka bar masa fili ta kowane gefe kamar mai cutar da ake ɗauka. Na gani da idona ta gefen labule, na ce wataƙila yau ne kawai. Haka aka ci gaba da yi, mako bayan mako, kuma duk wanda ya shige gaba ya ja sallah yana gani, bai taɓa cewa a cike wannan gurbin ba.

Aka yi zaɓe, Malam Sabi'u ya ci. Yaya ya ɗaga wa Malam Hadi hannu a gaban kowa, kamar yadda ya yi niyya tun farko, amma hakan bai saya masa komai ba. Mutanen Hadi suka ce munafunci ne. Mutanen Sabi'u, waɗanda wahalarsa ta ba su limanci, suka ga zama kusa da shi zai ɓata musu suna wurin dattawa. Ya ajiye shugabanci, ya miƙa mabuɗi ga wanda jama'a ta zaɓa, ya koma sahun baya kusa da takalma. Bai daina zuwa ba. Na roƙe shi ya zauna wurin 'yan Gambiya inda ake yi masa maraba, ya ce shi bai goge ƙasar wancan masallacin ba. Yana dawowa gida ya zauna shiru, mutumin da a da sai an roƙe shi ya rage murya. Bayan kamar shekara biyu, wata safiya yana jera huluna a tebur, ya dafe ƙirji ya zauna a ƙasa. Likita ya ce zuciya ce. Ni ban yi musu da likita ba.

Ranar jana'izarsa masallaci ya cika har waje, sahu ya haɗe, ko allura ba ta da wurin faɗuwa. Alhaji Tanko na gaba yana share ido. Na ga haka na koma na zauna, don na san in na ci gaba da kallo zan faɗi abin da bai dace da ranar ba.

To yau fa? Da Yaya zai leƙo, abu na farko da zai gani shi ne allon da aka manna a ƙofar masallacin, da Hausa da Turanci da Faransanci, cewa ba jami'in da zai shiga ya yi bincike ko ya karɓi wani abu sai da umarnin alƙali. A 'yan shekarun nan da tsoron jami'an shige da fice ya cika unguwa, kowa ya zama lauya. Wa kuke zato ke tara sababbin zuwa bayan sallah yana koya musu 'yancinsu? Alhaji Tanko, da sandarsa da furfurarsa. Na ji shi da kunnena yana cewa, “A ƙasar nan, police ba shi da iko a kan masallaci. Mu mun gwada, har court mun je, mun ci.” Mun ci! Na kusa haɗiye harshena.

Bara ma an sake rigima, kan makarantar yara ta Asabar. Wani sabon zuwa, da halin gida a kansa, ya kira 'yan sanda. Biyu suka zo, suka tambaya ko an taɓa wani, aka ce a'a. Suka ce to wannan ba tasu ba ce, a sasanta ko a je kotu, suka juya. Mutane suka yi ta yaba wa tsarin ƙasar. Ban ce kada ɗan sanda ya taka masallaci ba. Ranar da wani ya zo yana dukan ƙofa yana zage-zage da barazana, mu muka kira su, suka zo da sauri, muka gode. Yaya ma da shi zai fara kira. Iyakar da ya tsaya a kai ita ce su tsare mana rai, su bar mana zaɓen wanda za mu bi sallah. Ina jin da ya ga allon nan dariya zai fara yi, irin tasa mai ƙarfi. Abin da zai biyo bayan dariyar ne ba na son tunawa.

Nana ba ta sake taka masallacin ba tun ranar jana'iza. 'Ya'yanta suna jin Hausa su amsa da Turanci, ba su san kakansu ya taɓa kafa wani abu ba sai abin da na gaya musu. Ni ce na gaji taurin kan Yaya, ina zuwa duk Juma'a, ina zama inda na saba.

Makon jiya na aika wa Malam Sabi'u cewa shekara ta zagayo, a saka sunan Yaya cikin addu'a. Ya aiko mini da gaisuwa mai yawa, ya ce in yi haƙuri, dattawa na nan da rai, kada a fama tsohon ciwo. Ranar Juma'a ya jero sunaye, sannan ya ce da sauran 'yan'uwa da suka riga mu. Kafin a shafa, na ɗaga murya daga bayan labule. Na ce da Iliyasu ɗan Malam Mamman na Maraɗi, wanda ya kafa masallacin nan, wanda aka fitar daga cikinsa kuna kallo, Allah ya jiƙansa.  Mata biyu ko uku suka ce amin ƙasa-ƙasa. Daga ɓangaren maza kuma na ji wata tsohuwar murya, wadda na sani sarai, ta ce wace ce wannan, a fitar da ita.

Ba wanda ya motsa. Na gyara zama, na jira in ga wa za a kira.

Yaya bai bar gida ba, bai bar shago ba, teburinsa ma wani ya gaje wurin. Sunansa ba su mayar masa ba, kuma na daina sa ran za su mayar. Abin da ya rage nasa shi ne abin da na gani ranar: tsohuwa ta faɗi gaskiya a masallaci, manya sun fusata, kuma duk cikinsu ba mai lambar ɗan sandan da zai buga a zo a ɗauke ta. Suna cin moriyar wannan kowace rana, ni ma na ci tawa. Ban yafe musu ba. Juma'a mai zuwa ma zan sake faɗin sunansa.